Suna Ɗaya, Marubuta Da Yawa: Yadda Ake Rikita Masu Littattafai Da Abin Da Hakan Ke Jawowa

Tun da littattafai suka koma cikin waya, wani ruɗani da a da sai a zauren malamai ake jin sa ya fito fili. Mutum zai rubuta sunan marubuci a gurbin bincike na wani ɗakin karatu na intanet, ko a wani zauren Telegram da ake raba littattafai, sai jeri ya sauko masa: ga littafin addini, ga na tarihi, ga na rayuwar wani, har da ƙagaggen labari, duka a ƙarƙashin suna ɗaya. Wanda bai sani ba sai ya ɗauka mutum ɗaya ne ya rubuta su.

A gwada da sunan Gazali. Za a ga Ihya'u Ulumid Din na Imam Abu Hamid, wanda ya rasu a shekara ta 505 bayan hijira, wato 1111. Kusa da shi za a ga Fiƙhus Sira na Shaikh Muhammad al-Gazali na Masar, wanda aka haifa a 1917 ya rasu a 1996. Sai kuma Ayyamun min Hayati, labarin zaman kurkuku na Zainab al-Gazali, ita ma 'yar Masar, wadda ta rasu a 2005. Tsakanin na farko da na biyu akwai sama da shekara 800, kuma na biyu da ta uku ba 'yan gida ɗaya ba ne. Imam Abu Hamid ɗin ma yana da ɗan'uwa, Ahmad al-Gazali, sufi mai wa'azi, wanda shi ma ya yi rubutu. Na'urar bincike ba ta san wannan ba. Haruffa take gani.

Yadda suna ke ginuwa

Tushen matsalar shi ne an haɗa tsarin suna iri biyu da ba su dace da juna ba. A tsarin Turawa, mutum yana da sunansa sannan da sunan dangi guda ɗaya da ake gada daga kaka zuwa jika, kuma da shi ake jera littattafai a kan kanta. Sunan Larabawan da muke karanta littattafansu ba haka yake ba. Akwai sunan yanka, akwai jerin iyaye da kakanni da ake haɗawa da "ibn", akwai alkunya irin Abu Hamid, akwai laƙabi irin Jalaluddin, sannan akwai nasabtawa zuwa gari ko ƙabila ko sana'a, irin Buhari da Ƙurɗubi. Daga cikin waɗannan duka, wanda ya fi shahara a bakin mutane shi ne yake zama sunan malamin, kuma babu ƙa'idar da ta ce ga wanda zai shahara.

Na Hausawa ya fi kusa da wannan. Bayan sunan yanka, abin da ke biyo baya yana iya zama sunan uba, ko sunan gari, ko unguwa, ko sarauta, ko sana'a. Makarantun boko na zamanin Turawa sun ƙarfafa al'adar kiran ɗalibi da garinsu don a bambanta masu suna iri ɗaya a aji, shi ya sa tarihinmu ya cika da irin su Tafawa Ɓalewa, Shagari, Zungur da Kaita. To idan aka zo cike takarda mai gurbi ɗaya na sunan dangi, sai kowa ya zuba abin da ya samu. Marubuta goma da suka fito daga Funtuwa ko Gusau za su taru a layi ɗaya kamar 'yan ɗaki ɗaya, alhali wasunsu ba su taɓa haɗuwa ba.

Saboda haka idan aka ce marubuta sun yi tarayya a suna, abu uku ne ke iya faruwa. Ko dai 'yan gida ɗaya ne da gaske, ko gari ko ƙabila ce ta haɗa su, ko kuwa dacewa ce kawai. Kowanne da irin ruɗanin da yake haifarwa.

'Yan gida ɗaya

Misalin da ya fi kowanne fitowa sarari shi ne na 'ya'yan Asir. 'Yan'uwa uku ne, asalinsu daga Jaziratu Ibn Umar, garin da yau yake cikin ƙasar Turkiyya, suka yi rayuwa a Mosul ta Iraƙi, kuma kowannensu ana kiransa Ibnul Asir. Babban, Majduddin, ya rasu a 606 bayan hijira. Malamin hadisi ne, shi ya rubuta Jami'ul Usul da Annihaya, ƙamus na kalmomi masu wuya da ke cikin hadisai. Na tsakiya, Izzuddin, ya rasu a 630. Shi ne mai Alkamil fit Tarikh, babban littafin tarihi, da Usudul Gaba wanda ya tattara rayuwar sahabbai. Ƙaramin, Diya'uddin, ya rasu a 637; masanin adabi ne da balaga, mai Almasalus Sa'ir, kuma ya yi wa ɗan Salahuddin al-Ayyubi wazirci. Hadisi, tarihi, rayuwar mutane, adabi: gida ɗaya ya rufe fannonin nan duka. Wanda ya ce "Ibnul Asir ya ce" bai gama magana ba sai ya faɗi a wane littafi.

Ɗaliban fiƙihun Malikiyya sun fi cin karo da Ibn Rushd. Su biyu ne, kaka da jika, duka alƙalai a Ƙurɗuba. Kakan, mai Albayan wat Tahsil da Almuƙaddimat, ya rasu a 520 bayan hijira, wato 1126, kuma a wannan shekarar aka haifi jikan, mai Bidayatul Mujtahid, wanda Turawa suka sani a matsayin masanin falsafa. Idan Shaikh Khalil ya jingina magana ga Ibn Rushd a Mukhtasar ɗinsa, kakan yake nufi. Ɗalibin da ya je yana neman maganar a Bidaya zai sha wahalar banza, ko kuma ya yi zaton Khalil ya yi kuskure.

Inda ruɗani ke zama rigima

Idan 'yan'uwa aka rikita, yawanci asarar ba ta wuce ɓata lokaci ba. Amma akwai sunayen da masu su suka saɓa a fahimta ƙwarai, kuma a nan ne kuskuren ke shiga muhawarar addini ya hura wuta.

Ibn Hajar biyu ne suka shahara. Na farko Askalani, wanda ya rasu a Alƙahira a 852 bayan hijira, mai Fathul Bari da Bulugul Maram da Al'isaba. Na biyu Haitami, malamin fiƙihun Shafi'iyya da ya zauna a Makka ya rasu a 974, mai Tuhfatul Muhtaj da Azzawajir. Haitami ya yi kakkausar suka ga Ibn Taimiyya. Askalani kuwa ya rubuta tarihinsa a Addurarul Kamina, ya kawo abin da aka soke shi da shi da abin da aka yabe shi a kai. Idan aka ɗauko zafafan kalaman Haitami aka rubuta "Ibn Hajar ya ce" kawai, mai sauraro zai tafi da cewa mai sharhin Buhari ne ya faɗa, domin shi ne ya fi sani. Wani lokaci rashin sani ne ke sa a yi haka, wani lokaci kuma mai maganar ya san abin da yake yi. Sai ga ƙari a kai: akwai Nuruddin Haisami, mai Majma'uz Zawa'id, wanda ya rasu a 807, malamin Askalani ne. Ɗigo ɗaya ne a rubutun Larabci ya raba sunansa da na Haitami, kuma masu buga littattafai sukan musanya su.

Haka lamarin yake ga Ibnul Arabi. Alƙali Abubakar, ɗan Ishbiliya, Bamalike mai Ahkamul Ƙur'an da Al'awasim minal Ƙawasim, ya rasu a 543 bayan hijira. Muhyiddin, babban sufi mai Alfutuhatul Makkiyya da Fususul Hikam, an haife shi bayan rasuwar wancan, ya rasu a Dimashƙa a 638. Dukansu mutanen Andalus ne. Malamai sun yi ƙoƙarin bambanta su ta hanyar kiran alƙalin Ibnul Arabi, sufin kuma Ibn Arabi, amma ba kowa ke kiyaye wannan ba. A ƙasa irin tamu da muhawara tsakanin ɗariƙa da masu sukarta take da tsawon tarihi, rikita waɗannan biyun na iya sa mutum ya yi tir da malamin da yake karanta littafinsa kullum, ko ya kafa hujja da wanda bai taɓa faɗin maganar ba.

Gidan Fodiyo

Ba sai an je nesa ba. Shehu Usmanu, wanda ya rasu a 1817, da ƙanensa Abdullahi na Gwandu, dukansu 'ya'yan Malam Muhammadu Fodiyo ne, don haka kowannensu ɗan Fodiyo ne. A kundayen ɗakunan karatu sunan yakan zo da fuskoki da dama: Fodio, Fodiyo, Fudi, Foduye. Sannan ga Sarkin Musulmi Muhammadu Bello da Nana Asma'u, 'ya'yan Shehu, waɗanda wasu kundayen ke jera su a ƙarƙashin sunayensu na yanka, wasu kuma su mayar da su ƙarƙashin Fodiyo. Gidan ya yi rubutu a kusan kowane fanni. Shehu ya rubuta Ihya'us Sunna da Bayanu Wujubil Hijira. Abdullahi ya yi tafsirin Diya'ut Ta'awil da Tazyinul Waraƙat, inda ya haɗa waƙoƙinsa da labarin jihadi. Bello ya rubuta Infaƙul Maisur a 1812, wanda har yau masana tarihin ƙasar Hausa ke dogaro da shi. Asma'u ta yi waƙoƙi da Larabci da Fulatanci da Hausa, mijinta Waziri Giɗaɗo kuma ya rubuta Raudul Jinan a kan rayuwar Shehu.

Mutane da yawa suna ɗaukar rubuce-rubucen nan kamar murya ɗaya ce, su ce "mujaddadai sun ce". Akwai gaskiya a ciki, domin manufarsu ɗaya ce kuma suna karanta juna. Amma ba ko'ina suka dace ba. Bayan an ci nasara, Abdullahi ya tsananta a kan abubuwan da yake ganin komawa ne ga al'adun sarautar da aka yaƙa, irin su laƙuban mulki da kaɗe-kaɗe da tufafin alfarma, Shehu kuma ya sassauta a wasu daga cikinsu, musamman a Najmul Ikhwan. A wannan littafin ne Shehu da kansa ya yi nuni da cewa rubutun Abdullahi ya fi mayar da hankali ga kiyaye zahirin shari'a, na Bello ga siyasar tafiyar da al'umma, nasa kuma yana riƙe da ɓangarorin biyu. Wato su da kansu sun san alƙalumansu sun bambanta. Wanda ya jingina wa Shehu matsayin Abdullahi, ko akasin haka, ya goge wata muhawara ta ilimi da ta gudana a cikin gidan, wadda ita ce ke nuna yadda daular ta yi fama da tambayar yadda za a yi mulki bayan yaƙi.

Waƙoƙi sun fi wahala. Ana samun waƙar da Shehu ya yi da Fulatanci, wani daga cikin 'ya'yansa ya mayar da ita Hausa, wani kuma ya yi mata tahamisi, wato ya ƙara ɗango uku a kan kowane baiti. Tabbat Haƙiƙa tana cikin irin waɗannan: asalin na Shehu ne, Hausar ta Asma'u ce, tahamisin na ɗan'uwanta Isa. Masu rerawa sukan ce waƙar Shehu ce kawai, sunan da ya fi girma ya haɗiye sauran. Aikin da Jean Boyd da Beverly Mack suka fitar a 1997, inda suka tattara rubuce-rubucen Asma'u, da kundin John Hunwick na 1995 a kan rubutun Larabci na wannan yanki, sun taimaka wajen mayar wa kowa kayansa.

Ƙagaggun labarai

A adabin Hausa na boko akwai misalin da ya juya lamarin. A gasar rubutu ta 1933 da Rupert East ya shirya, Abubakar Imam ya rubuta Ruwan Bagaja, Bello Kagara ya rubuta Ganɗoki. Wa da ƙane ne, amma ɗaya yana kan kanta a ƙarƙashin Imam, ɗaya a ƙarƙashin Kagara, ba abin da zai nuna wa baƙo cewa gida ɗaya suka fito. Tsarin da ke haɗa waɗanda ba su da dangantaka shi ne kuma ke raba 'yan'uwa. Shi kansa Imam ya rubuta labarai, ya rubuta tarihin Annabi da na halifofi, ya yi aikin jarida, don haka ganin fannoni daban-daban a ƙarƙashin suna ɗaya ba kullum ne yake nuna marubutan sun fi ɗaya ba.

Turawa ma, duk da tsarinsu, ba su tsira ba. 'Yan matan gidan Bronte uku a Ingila sun fitar da labaransu a 1847 da sunayen aro masu ƙarewa da Bell, har aka riƙa cewa mutum ɗaya ne. Sai da biyu daga cikinsu suka tafi Landan a 1848 suka nuna wa mai buga littafi fuskokinsu. Winston Churchill na Ingila kuwa yana da takwara a Amurka, marubucin labarai da ya yi suna a lokacin. A 1899 suka yi musayar wasiƙa, na Ingilan ya ce zai riƙa saka sunansa na tsakiya, Spencer, a kan littattafansa.

Yau a zaurukan marubutan Hausa na WhatsApp da Wattpad, inda mata da yawa ke sa hannu da Maman Wance ko Ummu Wane, sunan ya ma fi saurin maimaituwa, kuma labari na iya zagaye ƙasa an cire shafin farko.

Ra'ayoyi kan mafita

Masu aikin ɗakin karatu da malaman jami'a suna ganin maganin shi ne kowane marubuci ya samu siga ɗaya tsayayya ta sunansa, tare da shekarar haihuwa da ta rasuwa, duk sauran sigogin su riƙa komawa gare ta. Wannan shi ne abin da manyan ɗakunan karatu na duniya ke yi, kuma tun 2012 masu bincike na iya samun lambar ORCID wadda ke bin mutum ko da sunansa ya canza. Hujjarsu ita ce na'ura ba ta da malami, dole a ba ta abin da za ta bambanta da shi. Raunin wannan hanya shi ne yawancin littattafan da ake bugawa a Kano da Zariya da Sakkwato ba sa shiga waɗannan kundaye. Lambar ISBN ma, wadda Ɗakin Karatu na Ƙasa ke bayarwa a Nijeriya, bugu take tantancewa, ba mutum ba.

Malaman zaure suna ganin matsalar ta masu karatu ba malami ce. A wurinsu, wanda ya karanta Mukhtasar a gaban malami za a gaya masa wane Ibn Rushd ne tun ranar farko. Kuma suna da abin tinƙaho, domin malaman hadisi sun mayar da wannan fanni mai zaman kansa tun ƙarnoni da suka wuce. Alkhaɗib al-Bagdadi, wanda ya rasu a 463 bayan hijira, ya rubuta Almuttafiƙ wal Muftariƙ a kan mutanen da sunayensu suka zo ɗaya, Daraƙuɗni kuma ya yi littafi a kan sunayen da rubutunsu ya yi kama amma furucinsu ya bambanta. Ibnus Salah ya kawo mutum shida masu suna Khalil ibn Ahmad. Hanyarsu ita ce a duba malaman mutum da ɗalibansa da garinsa da shekarar rasuwarsa. Sai dai masu karatu a waya sun ninka masu zama a zaure nesa ba kusa ba, kuma ba za su koma ba.

Akwai kuma marubuta da masu buga littattafai waɗanda ba sa ganin laifin barin abin yadda yake. Ɗan malami yana da haƙƙin amfani da sunan gidansu, kuma macen da ta zaɓi ɓoye sunanta tana da dalilanta na mutunci da zaman aure. Wannan gaskiya ne. Inda hujjar ke rushewa shi ne wurin da ake cin riba da ruɗanin, a rubuta sanannen suna da manyan haruffa a bango, a ɓoye sauran. Wannan tsohuwar dabara ce: littafin fassarar mafarki da ke yawo a kasuwanni da sunan Ibn Sirin, masu bincike da dama ba su yarda shi ya rubuta shi ba.

Idan aka auna, ra'ayi na farko da na biyu ba sa karo da juna. Dukansu suna cewa ne suna kaɗai bai isa ba, sai an haɗa da zamani da wuri.

Abin da ya shafi mai karatu da marubuci

Ga mai neman hukuncin addini, haɗarin shi ne ya yi aiki da fatawar Bashafi'e yana zaton ta Bamalike ce, ko ya ɗauki ra'ayin malamin ƙarni na 20 a matsayin maganar magabata. Ga ɗalibin jami'a, kuskuren jingina magana na iya rushe babi guda na kundinsa. Ga mai sayen littafi a kasuwar Kurmi ko a bakin masallaci, asarar kuɗi ce a lokacin da littafi ya yi tsada. Akwai kuma ɗaukar alhaki: idan uba da ɗa duka malamai ne masu magana a bainar jama'a, kamar marigayi Shaikh Abubakar Mahmud Gumi da ɗansa Dakta Ahmad, maganar ɗaya kan koma kan ɗayan idan aka tsaya a "Gumi ya ce".

Ga marubuci, batun ya shiga doka. Dokar haƙƙin mallaka ta Nijeriya ta 2022, wadda aka sa wa hannu a 2023, ta tabbatar wa marubuci haƙƙin a jingina masa aikinsa, kuma kariyar littafi tana ci gaba har shekara 70 bayan rasuwarsa. Tun da lissafin daga shekarar rasuwa yake farawa, rikita uba da ɗa na iya sa a ɗauka littafi ya zama na kowa alhali magada na da haƙƙi a kansa, ko a hana buga wanda wa'adinsa ya riga ya cika.

Tantancewar kanta ba ta da wuya a mafi yawan lokuta. Littattafan Larabci da aka yi wa tahƙiƙi, wato wani masani ya tantance rubutunsu kafin a buga, suna kawo cikakken sunan mawallafi da shekarar rasuwarsa a shafin farko, kuma mai tahƙiƙin yakan rubuta tarihinsa a gabatarwa. Abin da littafin ya ambata ma shaida ne: wanda ke maganar mulkin mallaka da jaridu ba zai zama na Imam Abu Hamid Gazali ba. Idan kuma magana ce aka turo a waya ba sunan littafi, ba juzu'i, ba shafi, to abin da ya kamata a fara tambayar wanda ya turo shi ne wane Ibn Hajar, kuma a wane littafi.